Wasan Ƙarshe a Filin Tatay

Masu bibiyata, na ga saƙonninku, har da na baiwar Allahn da ta ce in daina ja musu rai, in faɗa musu ko an sa rana ko ba a sa ba. Ki yi haƙuri 'yar'uwa, ki gyara zama. Abin da ya faru a makon bikin unguwarmu ba a tsaye ake ba da labarinsa ba.

Don wanda yau ya fara leƙowa, sunana Analyn, malamar firamare ce ni a San Isidro, can cikin lardin Batangas. Ni ce auta a gidan Mang Doming Villapando, wanda duk unguwa ke kira Koci, mu kuma 'ya'yansa muke ce masa Tatay. Wanda nake so sunansa Jerwin Malabanan, ɗan unguwarmu ne, yanzu yana buga ƙwallon kwando a wata ƙungiyar ƙwararru a Manila. An tsayar da magana cewa washegarin bikin waliyyin unguwa iyayensa za su zo gidanmu da tukwanen abincinsu su nemi aurena. Har labulen falo na sake, na sa mai ruwan madara da ƙananan furanni. Komai yana tafiya sumul, sai ranar da na dawo daga kasuwa da ledar kifi a hannu na yi kiciɓis da fuskar Jerwin a bangon coci.

Ƙaton tamfol ne da aka buga hotonsa a jiki, ya fi ƙofar gidanmu tsawo. Ga shi nan ya ɗaga ƙwallo yana murmushi, a ƙasa an rubuta da manyan baƙaƙe: ƊANMU YA DAWO GIDA. WASAN ƘARSHE, SAN ISIDRO DA SANTA RITA. Masu keke sun taru a gindinsa suna ɗaukar hoto, ɗaya har yana ce mini, "Malama, bana angonki zai yi mana maganin mutanen Santa Rita." Na yi masa yaƙe na wuce. 

A baranda na sami Tatay, ya baje sababbin rigunan wasa a kan tebur, koraye shar masu ratsin rawaya, yana shafa lambobinsu ɗaya bayan ɗaya. Nanay, wato mahaifiyata, da tata mahaifiyar Lola Ising suna gefe suna naɗe shinkafa mai danƙo a ganyen ayaba, don a makon biki gidanmu ba ya rabo da baƙi.

"Tay, wa ya sa aka buga wancan hoton?"

"Ya yi kyau ko? Yayanki Boyet ne ya zaɓo shi. Na ce su ƙara masa haske, da farko sun baƙanta yaron."

"Tay, ba zai iya bugawa ba fa. An hana su."

"Wa ya hana?"

"Ƙungiyarsa. Yana cikin kwantiragin da ya sa wa hannu."

"Kwantiragi." Ya maimaita kalmar kamar wanda ya tauna tsakuwa a shinkafa. Sai ya ɗago wata riga da ta fi sauran girma ya juyo mini bayanta. MALABANAN. "Kafin su san shi, su da kwantiraginsu, wa ya koya masa riƙe ƙwallo? Na tambaye shi da bakina, ya ce to. Ke ce ƙungiyar?"

Bari in tsaya in yi muku bayani, don na san a cikinku akwai waɗanda ƙwallo ba ta dame su ba. Duk ɗan wasan da ya shiga ƙwararru sai ya yi alkawarin ba zai buga wasan waje ba, wato irin gasar unguwanni da ake yi lokacin biki a filin siminti. Da can ana yi a ɓoye, mutum ya ari rigar wani ya buga, ya koma Manila kamar ba shi ba. Yanzu kuwa ko mai sayar da gyaɗa waya ce a hannunta. Bara wani abokin wasan Jerwin ya je garinsu ya buga wa unguwarsu, kafin ya cire takalmi hoton ya riga ya isa ofis. Aka dakatar da shi, da kwantiraginsa ya ƙare ba wanda ya sake kiransa. Matarsa tana da tsohon ciki a lokacin.

Kuma ba a sama Jerwin ya tsinci wurin da yake ba. Da silifas ya fara, a filin da Tatay da abokansa suka zuba wa siminti a gefen coci. Yana sakandare wani mai neman 'yan wasa ya gan shi ya kai shi wata jami'a a Manila, unguwa ta yi ta murna kamar an ba mu gwamna. Shekara biyu yana ɗumama benci. A ta uku, da aka fara sa shi, jijiyar gwiwarsa ta hagu ta tsinke, aka yi masa aiki, ya koma koyon tafiya. A shekararsa ta ƙarshe ne ya haska, shi ma ba wajen cin maki ba, sai don ya iya manne wa mutum ya hana shi sakat. Ranar zaɓen sababbin 'yan wasa muna zaune gaban talabijin har shinkafa ta huce. Aka gama zagayen farko, aka gama na biyu, maƙwabta suka fara zamewa ɗai-ɗai, sannan aka kira sunansa. Shekararsa ta farko a ƙwararru ma a benci ya ƙare ta. Sai bana da wani babban ɗan wasa ya ji rauni aka fara ba shi dama, kuma a ƙarshen wannan kakar za a yanke ko a sabunta masa ko a sallame shi. To a irin wannan lokacin ne ubana ya ga ya dace ya buga masa riga.

"Tay, in aka kore shi fa?"

"Zubin ƙarshe na wasan kawai na roƙa ya buga." Ya ninke rigar a hankali. "Ni da na nemi uwarki, shekara guda ina yi wa gidansu hidima. Na faskara ice, na ɗebo ruwa, na bi kakanki gonar gahawa, na hau na gyara musu rufi. Ban ce ina da kwantiragi ba."

"Rufin da ya gyara har yau zuba yake," in ji Lola, ko kai ba ta ɗago ba.

Nanay ta ƙunshe dariyarta. Tatay bai ko murmusa ba.

"Namijin da ba zai iya tsaya wa unguwarsa na ɗan lokaci ba, ban ga yadda zai tsaya wa 'yata har tsufa ba. In ya ga ya fi ƙarfinmu, iyayensa ma su huta da wahalar girki."

Na ajiye kifin a kicin ban ko wanke ba, na shige ɗaki na faɗa kan gado na jawo waya na rubuta wa Jerwin.

"Ka ga tamfol?"

"Kuya Boyet ya turo mini. Sun ƙara mini hanci."

"Jerwin, ba wasa nake ba. Da gaske ka ce masa to?"

Ya fara rubutu ya goge, ya sake farawa ya goge. Ina kallon ɗigon nan suna rawa a fuskar waya, ji nake kamar in shiga ciki in shaƙo shi.

"Da kansa ya kira ni, Lyn. Bai taɓa roƙona komai ba."

"Ka ce masa ba ka da lafiya."

"In yi wa Koci ƙarya?"

"To ka faɗa masa gaskiya."

"Wannan ta fi wuya."

Sai ya turo mini hoton zuciya. Na kife wayar a kan katifa. Ku gaya mini don Allah, mutum yana shirin jefa aikinsa a kwata, me zan yi da hoton zuciya?

Washegari ina tsugune a bayan gida ina kankare kwakwa, Nanay ta kife bokiti ta zauna kusa da ni.

"Kin kumbura kamar ubanki," ta ce. "Kin tuna bara da muka je Manila kallon wasa?"

"Na tuna. Ya dawo ya ce komai lafiya."

"Haka ya ce miki." Ta ɗauki ɓarin kwakwa tana jujjuyawa. "Farar rigarsa ta zuwa biki ya sa. Kafin mu tafi sai da ya bi gida gida yana cewa a kunna talabijin, za a ga yaronsa. Ina gefensa, can sama inda talakawa ke zama. Duk sanda kocinsu ya waiwayi benci, sai ubanki ya miƙe tsaye. Ya zauna, ya miƙe, ya zauna, ya miƙe, har aka tashi ba a sa yaron ba. A motar dawowa ko ruwa bai sha ba. Da safe ya je shan gahawa a kasuwa, Kapitan Ruben, mai unguwar Santa Rita, ya tare shi a gaban mutane ya ce, Koci, ashe mai miƙa tawul ka horar mana? Ba ki lura tun ranar a gida yake shan gahawarsa ba?"

Ban lura ba.

"Tun yana da gashi a kai yake horar da yaran unguwar nan, anak, 'yata, bai taɓa cin Santa Rita a wasan ƙarshe ba. Kuma tun da yaron nan ya tafi, bai ƙara ganinsa da idonsa yana wasa ba. Ban ce yana da gaskiya ba. Na dai ce ki san da wa kike faɗa."

Na ji tausayin Tatay, kuma tausayin ya ƙara mini haushi. Da mugunta ce, da na san yadda zan yi da ita. Amma tsoho ne kawai da yake so sau ɗaya a rayuwarsa ya nuna wa garinsa abin da hannunsa ya yi. Na ci gaba da kankarar kwakwa har na kusa haɗawa da yatsana.

Ana gobe biki Jerwin ya iso. Ya sunkuyo don kada saman ƙofa ya buge shi, ya kama hannun Lola ya ɗora a goshinsa yadda muke gaida manya, ya yi wa Nanay haka, ya yi wa Tatay. Baƙar riga ce a jikinsa mai gajeren hannu, an yi masa sabon aski, ƙamshin turarensa ya cika falon. Ya kawo wa Lola kwalin alewa, ya kawo wa Nanay mayafi. Ni kuwa ba fuskarsa nake kallo ba, jakar da ke kafaɗarsa nake kallo, don ko makaho ya taɓa ta ya san takalmi ne a ciki.

Na ja shi muka je shagon taliya na bakin titi. Aka kawo mana kwano biyu, romon ya yi kauri yana tururi, ban ko ɗauki cokali ba.

"Ka zo da takalmi."

"Kullum ina yawo da takalmi."

"Jerwin."

Ya ajiye cokalinsa. "Lokacin da aka yi mini aiki, Papa yana cikin jirgin ruwa a can wata uwa duniya, Mama ba ta da wanda za ta bar wa ƙannena. Wa ya shimfiɗa kwali a barandar asibiti ya yi jinyata? Wa ya riƙa tallabata zuwa banɗaki, ni da na fi shi tsawo da nauyi? Ranar da na ce na haƙura da ƙwallo, wa ya ce in sake faɗa ya mare ni? Mutum irin wannan ya ce maka zo, ka ce masa me?"

"Ka ce masa, Koci, gwiwar da ka yi jinya ce nake tattali."

"Ke malama ce, kin iya tsara magana. Ni in na tsaya gabansa, komawa nake yaron nan mai silifas."

"In aka kore ka fa? Ka san abin da ka sha kafin ka kai nan?"

"Na fi ki sani." Ya yi ɗan murmushin da bai kai ido ba. "Zan shiga, in yi ta miƙa wa yara ƙwallo, ba tsalle ba komai. Ƙauye ne nan, Lyn. Wataƙila ma ba wanda zai..."

Bai ƙarasa ba. A teburin da ke kusa da mu wasu 'yanmata biyu sun ɗaga waya suna ɗaukarsa yana cin taliya, suna ƙyalƙyala dariya. Ya ɗaga musu hannu, don haka aka koya wa 'yan wasa. Daga nan har muka tashi bai ƙara kai cokali baki ba.

Ranar biki na sa doguwar rigata ruwan ƙwai mai ɗamara, na ɗaure gashina, na shafa hoda, na tsaya gaban madubi ina haddace abin da zan faɗa kamar ɗaliba. Gida ya cika da ƙamshin gashi da soye-soye. Na sami Tatay a falo yana goge ɗan allon da yake zana wa yara dabarun wasa, Nanay tana jera faranti.

"Tay, tun da ka haife ni ban taɓa tsallake maganarka ba."

"Kada ki fara yau."

"In Jerwin ya taka filin nan, ni da ƙafata zan je in ce wa iyayensa kada su zo gobe. Ba zan iya zama da mutumin da ya rasa aikinsa don ya same ni ba. Ba zai taɓa faɗa ba, na san shi, amma kullum ya kalle ni zan ga abin a idonsa."

Farantin hannun Nanay ya tsaya a sama. Tatay ya daina goge allon ya dube ni.

"Barazana kike mini a cikin gidana?"

"Roƙonka nake, Tay."

"Haka aka koya muku roƙo a makaranta?"

Ya saƙale allonsa a hammata ya fita. Na rubuta wa Jerwin abin da na faɗa, kalma da kalma. Na ga alamar ya karanta. Bai ba ni amsa ba. Sai a lokacin na gane abin da na yi, na sa shi a tsakiya, in ya shiga ya rasa ni, in ya ƙi ya rasa Tatay. Ban janye ba, amma kada wata a cikinku ta ce mini jaruma. Tsoro ne fal cikina.

Bayan an zaga unguwa da siffar waliyyi, an ci an sha, rana ta yi sanyi, kowa ya nufi fili. Wurin ya cika ya batse, mutane a kan katangar coci, a kan rufin keke, har a rassan mangwaro. 'Yan badujala suna busa, masu soyayyar ayaba suna ciniki, wanzamin unguwarmu ya riƙe lasifika yana tsokanar duk wanda ya wuce. Kapitan Ruben ya kame a kujerar roba a sahun gaba yana fifita da kwali. Ni da Nanay muka tsaya a bayan bencin 'yan wasanmu. Jerwin yana can ƙarshen benci, ya zuge rigar sanyi har wuya a cikin wannan zafi.

Aka fara. Ba sai na ɓata muku lokaci ba, Santa Rita sun fi mu. Suna da wani ƙato mai suna Badong, mai dakon kifi a kasuwa, wanda gwiwar hannunsa ta fi shi suna, yaranmu suna zuwa kusa da shi sai su watse. Zubin farko suna gaba, na biyu suka ƙara, na uku suka yi mana nisa. Tun ana yi ƙasa ƙasa har fili ya ɗauka gaba ɗaya, ana tafi ana kiran sunan Jerwin. Tsofaffi ma da ba su san dokar wasan ba suna kira.

Da aka busa shiga zubin ƙarshe, Jerwin ya miƙe. Ya zuge rigar sanyin ya ajiye a benci, sai ga koriyar riga a jikinsa. Ihun da aka yi sai da tattabarun coci suka tashi. Wayoyi kuma suka tashi sama gaba ɗaya, ta ko'ina, har daga kan mangwaro. Bai waiwayo ni ba. Ya taka zuwa teburin alƙalai ya durƙusa a kan ƙafa ɗaya yana jawo robar gwiwa, na hango dogon tabon aikin kafin ya rufe shi. Badong ya sunkuya yana marin ƙasa da tafin hannu.

"Zo mana, ɗan Manila. Nan babu katako mai laushi, siminti ne."

Jerwin ya sunkuyar da kai. Ya kwance igiyar takalminsa ya ɗaure. Ya sake kwancewa ya ɗaure. Ya sake kwancewa. Tun yana yaro haka yake yi in tsoro ya kama shi, kuma duk cikar filin nan mutum biyu ne suka san haka, ni da Tatay.

Na ga Tatay yana kallon hannuwan nan. Ya ɗago ya bi wayoyin da kallo, ya dubi Kapitan Ruben da ke fifita yana murmushi. Ni kam ko inda nake bai duba ba. Sai ya yi wa alƙali alamar a dakata.

"Malabanan. Zauna."

Jerwin ya miƙe. "Koci, na shirya."

"Ban tambaye ka ba. Zauna."

"Koci, na yi maka alkawari."

"Tun yaushe ka fara musu da koci? Boyet, tashi ka shiga."

Kuya Boyet, yayan nan nawa da aka sa sunansa don cika benci kawai, yana zaune da tumbinsa da soyayyar ayaba a hannu. "Ni, Tay?"

"Akwai wani Boyet a nan?"

Da farko mutane sun ɗauka raha ce, har ana dariya. Da suka ga Jerwin ya koma ya zauna ya sunkuyar da kai, Kuya Boyet kuma yana gudu yana goge mai a wando, sai wuri ya rikice. Namu ma sun fi na Santa Rita zafi. Aka fara jifa da ɓawon gyaɗa da robar ruwa. Wata da ta rufe shagonta don ta zo kallo tana cewa an yaudare su, wani yana cewa tsufa ya kama Koci, a sauke shi. Kapitan Ruben ya miƙe ya kewaye bakinsa da hannu.

"A Manila benci, a gida ma benci! Koci, in aiko masa da tawul?"

Fili ya kwashe da dariya. Na ga Jerwin ya yunƙura zai tashi, Tatay ya ɗora masa hannu a kafaɗa ba tare da ya kalle shi ba, ya danne shi. Haka ya tsaya, ɓawon gyaɗa a kafaɗarsa bai kakkaɓe ba, yana ta ba yara umarni da ƙarfi kamar akwai sauran abin da za a ceto. Kuya Boyet ya jefa ɗaya ta shiga, don murna ya faɗi ƙasa. Aka tashi sun yi mana kaca-kaca. Tatay ya ratsa tsakiyar fili a ƙafa, a gaban kowa, ya je ya miƙa wa Kapitan Ruben hannu. Ban taɓa sanin ubana ya tsufa ba sai da na ga wannan tafiyar.

Mutane suka watse zuwa gidajen da ake ci da rawa. Rana ta yi ja tana shirin faɗuwa. Tatay ya tsaya yana tattara ƙwallaye yana zubawa a buhun raga, Jerwin yana can yana jera kujeru, ba wanda ya sa shi. Na matsa kusa, ban san da wace kalma zan fara ba.

"Tay."

"Ki ce wa uwarki ta aro kujeru a coci," ya ce, bai ɗago ba. "Dangin Malabanan yawa gare su, ga ci."

Hawayen da nake riƙewa tun safe suka zubo. "Na gode, Tay."

"Kada ki ɗauka barazanarki ce ta yi aiki."

"Na sani."

"Hannunsa rawa yake. Ban taɓa sa yaro a fili hannunsa yana rawa ba, ba kuma zan fara da shi ba." Ya ɗaure bakin buhun. "Goge fuskarki, hodar duk ta caɓe."

Ina dariya ina kuka, sai wayar Jerwin ta yi ƙara. Ya ciro ta ya duba, na ga fuskarsa ta sauya. Ya juyo mini da ita. Sunan manajan ƙungiyarsu ne. A sama kuma saƙonni ne birjik daga abokan wasansa, duk hoton bidiyo ɗaya suke turowa: Jerwin a durƙushe gaban teburin alƙalai, koriyar riga, sunansa a baya, tamfol a bango. Wanda ya ɗauka ya yanke kafin Tatay ya zaunar da shi.

"Ban buga ba," ya ce a hankali, kamar da kansa yake magana. "Amma wa zai yarda?"

Wayar ta katse. Ba ta daɗe ba ta sake ɗaukar ƙara.

Tatay ya ajiye buhun. Ya goge tafin hannunsa a jikin wando.

"Ba ni."

"Koci, bari ni in..."

"Ba ni, anak."

Tun da na san su, Malabanan yake kiransa, bai taɓa ce masa anak, wato ɗana, ba. Jerwin ya miƙa masa wayar. Tatay ya karɓa da hannu biyu, ya cire hularsa, duk da mutumin yana can Manila ba ganinsa yake ba, ya gyara tsayuwa.

"Barka da yamma, yallaɓai. Sunana Domingo Villapando. Ni na koya wa yaron nan ƙwallo, ni na buga rigar, ni na sa shi ya sa ta, ni kuma na hana shi shiga. In akwai wanda za a hukunta, da ni za ka fara magana."

Sai ya kasa kunne yana sauraro. Daga cikin unguwa ana ta kiɗa. Jerwin ya lalubo hannuna ya riƙe, muka tsaya muna kallon fuskar Tatay, don ita kaɗai za ta gaya mana abin da ake faɗa a Manila.